D7 a lissafi: yadda muka kai kwalejinmu kotu

Ina cikin layin karɓar wasiƙar tafiya koyarwar gwaji wani abokina ya dafa kafaɗata ya ce in zo in ga wani abu a allon sanarwa. Farkon watan Fabrairun 2021 ne, ba a daɗe da dawowa daga dogon zaman gida na korona ba, kowa ya ƙosa a gama a huta. Na bar layin na bi shi. Takarda ce mai shafi biyu daga ofishin magatakardar kwaleji, sunaye jere da lambobin ɗalibai, a samanta an rubuta cewa an janye gurbin karatun waɗannan mutane saboda ba su cika sharuɗɗan shiga ba. Sunana ne na tara a shafin farko. Na karanta lambata sau uku, ko Allah zai sa wani ne mai irin sunana.

Shekara biyu da rabi ke nan ina karatun NCE, wato takardar shaidar malanta ta kwalejin ilimi, a fannin Hausa da Nazarin Addinin Musulunci. Ban taɓa faɗuwa kwas ko ɗaya ba. Laifina yana cikin takardar WAEC da na shigo da ita: kiredit biyar har da Turanci, amma lissafi D7. Wanda ya san tsarin ya san C6 ce ƙarshen kiredit, D7 kuwa ita ce ke biye mata, taki ɗaya tsakani. Ban ɓoye wa kowa ba. Haka na ɗora ta a shafin JAMB, haka na miƙa ta ranar tantancewa, malamin da ya duba ya zagaye D7 ɗin da jan biro ya ce in yi ƙoƙari in gyara kafin in gama, sannan ya sa hannu ya buga hatimi. A lokacin har sanarwa aka manna cewa 'yan fannin harsuna da addini masu fas a lissafi za su iya yin rajista, su kawo gyara kafin a ba su sakamakon ƙarshe. Da wannan muka zauna, da wannan muka riƙa biyan kuɗin makaranta zango bayan zango.

Mako biyu muka ɓata muna bin ofisoshi. Shugaban sashenmu ya tausaya mana ƙwarai, amma ya ce abin ya fi ƙarfinsa. Ofishin magatakarda aka ce mu rubuto. Muka rubuta, ba amsa. Muka nemi wani dattijo mai faɗa a ji a garin ya yi mana magana, ya je ya dawo ya ce an gaya masa hukumar kula da kwalejojin ilimi ta ƙasa na shirin zuwa duba kwasa-kwasai, shi ya sa ake share gida. A ranar na fahimci cewa ba wani sabon abu aka gano a kanmu ba. Abin da aka sani tun farko ne aka ga yanzu zai iya zama abin kunya.

Da na koma gida na gaya wa mahaifina, ya daɗe bai ce komai ba. Shi ya sayar da amfanin gonarsa ya biya mini rajistar farko. Can ya ce, "Kai yaro, ka yi musu ƙarya ne?" Na ce, "Wallahi Baba ban yi ba." Ya ce, "To je ka nemi wanda ya san doka. Mu ba mu gaji kotu ba, amma ba a hana mu zuwa ba."

Cikin waɗanda aka kora, mu goma sha ɗaya muka yarda mu haɗa kuɗi mu ga lauya. Sauran wasu sun ce Allah ya isa, wasu iyayensu sun hana, wasu kuma tsoro suke kada a sa musu ido ko da sun dawo. Ba na ganin laifinsu. Talaka ya tashi yana jin cewa shari'a saɓanin hankali ce, kuma ba a ja da hukuma.

Lauyan da muka samu dattijo ne, ofishinsa a saman wani shagon littattafai. Bai bari mun gama kora bayani ba ya tambaya, "Wace rana aka manna takardar?" Muka faɗa. Ya ɗauko kalanda ya ƙirga da bakin biro, sannan ya ce mun yi sa'a da muka zo yanzu. Ya bayyana mana cewa akwai dokar kare jami'an gwamnati, wadda ta ce duk mai son ƙalubalantar abin da jami'i ko hukuma ta yi a bakin aikinta, to ya shigar da ƙara cikin wata uku. In wata uku suka wuce, ko gaskiyarka ta kai hasken rana, alƙali zai iya cewa ka makara. Ga shi kuma dokar da ta kafa kwalejinmu ta ce sai an ba ta sanarwar wata guda kafin a kai ta ƙara. Wato cikin wata ukun nan, guda na jira ne, mu kuma mun riga mun zubar da mako biyu a bakin ƙofofi. A daren nan ya rubuta sanarwar, washegari yaronsa ya kai, ya tsaya har aka buga masa hatimin karɓa a kan kwafinmu.

Ya kuma gaya mana inda za mu. Kwalejinmu ta jiha ce, saboda haka babbar kotun jiha ke da hurumi. Da ta tarayya ce, da sai Babbar Kotun Tarayya, kamar yadda sashe na 251 na kundin tsarin mulkin 1999 ya tanada. Ya ce ya sha ganin mutane sun yi shekara biyu a kotun da ba ita ba, a ƙarshe a ce su tattara su sake sabon lale.

Amma maganar da ta fi zauna mini ita ce wadda ya yi muna shirin tashi. Ya ce, "Samari, ku saurara da kyau. Kotu ba ta ba da kiredit. Alƙali ba zai mai da D7 ta koma C6 ba. Abin da zan iya nema muku shi ne a ce korar da aka yi muku ba tare da an ji ta bakinku ba haramtacciya ce. Saboda haka duk wanda yake da hali, ya je ya yanki fom ɗin jarabawa ta gaba ya zauna lissafi. Ni in yi nawa, ku ku yi naku." Wani daga cikinmu ya ce, "Ranka ya daɗe, in mun sake zama ai kamar mun amsa laifi ne." Ya ce, "Ɗana, karatu kake nema ko kuwa a ce ka fi su gaskiya?"

Sai aka shiga tattara takardu, kuma a nan ne na ga bambancin wanda ya adana da wanda ya yi sakaci. Ni dai mahaifiyata ta saba mini da zuba duk wata takarda cikin leda a ƙarƙashin akwati, don haka na fito da wasiƙar ɗauka ta kwaleji, da ta JAMB, da fom ɗin tantancewa mai jan biron nan, da rasit na kowane zango, da sakamakon jarabawowina. Wasu rabin rasit ɗinsu ya ɓata. Wani fom ɗin tantancewarsa ma bai san inda yake ba. Sanarwar nan kuwa da aka manna tun muna sabbin shiga, wadda ita ce ginshiƙin maganarmu, ba mai ita. An daɗe da yage ta. Sai wata 'yar ajinmu, matar aure mai goyo, ta tuna ta taɓa ɗaukar hotonta ta tura wa mijinta don ya yarda ta yi rajista. Ta kwana tana binciken tsohuwar wayarta har ta samo. Ranar da ta kawo, Barista ya miƙe tsaye ya ce, "Hajiya, Allah ya yi miki albarka." Ya sa ta cike wata shaida da sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 ke buƙata kafin a karɓi abin da aka fitar daga na'ura, ta faɗi irin wayar da yadda aka buga hoton.

Kowannenmu ya yi takardar rantsuwa a gaban jami'in kotu. Ɗaya daga cikinmu ya so a rubuta cewa shi bai taɓa sanin ana buƙatar lissafi ba. Barista ya soke layin da kansa. Ya ce ka sani, an gaya maka ka gyara, abin da ba a gaya maka ba shi ne za a kore ka kana tsakiyar karatu. Rubuta wannan, shi ne gaskiya kuma shi ya fi ƙarfi.

Wata guda ya cika, kwaleji ba ta ce uffan ba. Aka shigar da ƙara ranar Alhamis ta kafin hutun Ista. Ranar Talata 6 ga Afrilu, 2021, ƙungiyar ma'aikatan shari'a ta ƙasa, JUSUN, ta tsunduma yajin aiki a kan 'yancin kuɗaɗen ɓangaren shari'a, aka garƙame kotuna a faɗin Nijeriya. Ba a buɗe ba sai tsakiyar watan Yuni. Har yau in na tuna gabana faɗuwa yake, domin da mun ƙara kwana biyar muna roƙo a ofisoshi, da wata ukunmu ya cika ƙofar kotu na kulle. Azumin shekarar nan duka a gida na yi shi. 'Yan ajinmu suna turo hotunansu a makarantun da aka tura su, da alli a hannu, ni kuwa ina taya Baba sharar gona. Da dare sai in ɗauko littafin lissafi na ƙanena in fara daga inda na tsaya shekaru da suka wuce. Wani malamin sakandare a unguwarmu ya riƙa zama da ni bayan sallar isha'i, bai taɓa karɓar ko sisina ba.

Da aka buɗe kotu, masinja ya kai wa kwaleji sammaci. Lauyoyin ma'aikatar shari'a ta jiha suka shigo da suka tun kafin a taɓa gundarin magana. Suka ce ɗaukar ɗalibi da sallamarsa harkar cikin gida ce ta makaranta, kotu ba ta da ta cewa. Suka ce wasiƙar da aka ba mu ta wucin gadi ce, kuma a jikinta an rubuta cewa za a iya janyewa duk lokacin da aka ga mutum bai cancanta ba. Suka kawo littafin ƙa'idojin hukumar NCCE, wadda aka kafa tun 1989 don ta tsara mafi ƙarancin abin da kowace kwalejin ilimi za ta bi, suka nuna inda aka nemi kiredit a Turanci da lissafi cikin zaman da bai wuce biyu ba. Suka ce ko da wani jami'i ya yi mana alkawari, alkawarin jami'i ba ya shafe ƙa'idar ƙasa. Hoton sanarwar kuma suka ce takardar hukuma ce, ba a karɓar kwafinta sai wanda hukumar ta tabbatar da hatiminta. Wato wanda muke ƙara shi za mu roƙa ya tabbatar mana da hujjar da za mu kayar da shi.

Ba zan ɓoye ba, da Barista ya fassara mana amsar nan jikina ya yi sanyi, don akwai gaskiya a cikinta. Ni kaina ba ni da ja da a ce malami ya san lissafi. NCE ita ce mafi ƙarancin takardar da ake koyarwa da ita a ƙasar nan, kuma malamin firamare a ƙauye ba ya zaɓen darasi. Duk abin da ya tarar a jadawali shi zai shiga. Abin da ban yarda da shi ba har gobe shi ne a ga gurguwar takardarka, a ce shigo, a karɓi kuɗinka shekara biyu da rabi, sannan ranar da baƙi za su zo a fitar da kai ta ƙofar baya. In an karya ƙa'ida, hannu biyu ne suka karya ta, kuma hannun da ke riƙe da hatimi ya fi nawa nauyi. Amma ni kaɗai aka ce in biya.

Barista ya mai da martani a rubuce. Ya dogara da sashe na 36 na kundin tsarin mulki, wanda ya ba kowa haƙƙin a saurare shi kafin a yanke hukunci a kansa. Ya kawo shari'ar Garba da Jami'ar Maiduguri, wadda Kotun Ƙoli ta yanke a 1986, inda ta soke korar da aka yi wa ɗalibai bayan wata tarzoma saboda ba a yi musu adalci wajen sauraro ba. Marigayi Gani Fawehinmi ne ya tsaya wa ɗaliban. Ya kuma kawo sashe na 169 na Dokar Shaida, mai cewa wanda ya sa ka gaskata wani abu har ka yi aiki da shi, ba zai dawo daga baya ya musanta ba. Da na ji labarin ɗaliban Maiduguri, na ji wani irin ƙarfi. Ashe tun kafin a haife ni 'ya'yan talakawa irina sun taka wannan hanya har ƙarshenta.

Daga nan sai ɗage-ɗage. Aka tafi hutun shekara na kotuna. Aka dawo, lauyan gwamnati ya nemi ƙarin lokaci. Wata rana muka yi sammako muka biya kuɗin mota, muka tarar alƙali ya tafi taro. A hankali muka fara raguwa a bencin baya. Mai goyon nan mijinta ya ce ya gaji, mace ba ta yawon kotu da jariri a baya. Ta daina zuwa, ko da yake sunanta na cikin ƙarar. A ƙarshen shekarar na zauna jarabawar NECO ta masu zaman kansu. Da sakamako ya fito na samu C6 a lissafi. Na kai wa Barista takardar tun kafin in kai gida.

Abin da ya fi ba ni mamaki a duk shari'ar shi ne ba wanda ya kira mu mu yi magana. Ni a zatona za a sa ni a akwatin shaida in ba da labarina, har na haddace abin da zan faɗa. Ashe irin ƙarar da aka shigar ta takardu ce zalla, tunda ba a jayayya a kan abin da ya faru, a kan ma'anarsa a doka ake ja. Ranar sauraro lauyoyin biyu suka miƙe ɗaya bayan ɗaya, kowa ya ce ya tsaya a kan abin da ya rubuta, ya ƙara 'yan kalmomi. Ko minti ashirin ba a yi ba aka sa ranar hukunci.

Hukuncin ya zo bayan shekara guda da shigar da ƙara. Mai shari'a ya yi kusan awa yana karantawa, mu muna tsintar kalma ɗaya-ɗaya. A waje, a ƙarƙashin wata darbejiya, Barista ya warware mana. Kotu ta yi watsi da cewa ba ta da hurumi. Ta ce janye gurbin ɗalibin da ya yi nisa da karatu ba tare da an kira shi ya kare kansa ba ya saɓa wa sashe na 36, don haka takardar nan ta allon sanarwa ta zama kamar ba a rubuta ta ba. Amma ta ƙi ta ce mun cancanta. Ta ce tsara sharuɗɗan shiga da auna wanda ya cika su aikin hukumomin ilimi ne, ba na alƙali ba. Hoton sanarwar ma ba ta yi aiki da shi ba. Diyyar da muka nema ba a ba mu ba. An dai ce in kwaleji na son ta sake duba lamarinmu, to ta kira kowa ta ji ta bakinsa. Wasu daga cikinmu suka fara murna, wasu suka tsaya sororo. Barista ya ce, "Abin da na gaya muku ranar farko ke nan. An buɗe muku ƙofa, abin da kuka riƙo a hannu shi zai shigar da ku."

Bayan makonni kwaleji ta kafa kwamiti. Aka riƙa kiran mu ɗaya bayan ɗaya. Na shiga na gaishe su, na ajiye ledar takarduna a kan tebur. Shugaban kwamitin ya ɗauki WAEC ya ɗauki NECO ya haɗa su, ya ƙirga, ya ce zama biyu ne, ya cika. Ya ɗago ya dube ni ya ce, "Malam, ka yi haƙuri." Wannan ce kaɗai ban-haƙurin da na samu, kuma na karɓe ta. Mu shida aka mayar. Biyu sun gyara lissafin, amma tun asali da sakamako biyu suka shigo, sabon ya zama zama na uku, aka ce ƙa'ida ba ta yarda ba. Wannan ya yi mini ciwo fiye da kima, domin sun yi duk abin da aka ce su yi. Sauran ukun ba su sake zama jarabawar ba, ciki har da mai goyon da ta kwana neman hoto dominmu.

Na koma na bi 'yan bayana, na yi koyarwar gwajin da na bar layinta, na gama a 2023. Na zauna jarabawar hukumar rajistar malamai ta TRCN na ci. Yanzu ina riƙe da aji uku a wata firamare da ba ta da nisa da garinmu, kuma har lissafi ni nake koya musu.

A watan Oktoban 2025 ina gyaran littattafan yara da yamma na ji a rediyo cewa ma'aikatar ilimi ta tarayya, ƙarƙashin minista Tunji Alausa, ta sassauta sharuɗɗan shiga manyan makarantu. A matakin NCE kiredit huɗu ake nema, Turanci dole ga 'yan fannin adabi da zamantakewa, lissafi kuwa dole ne ga 'yan kimiyya da fasaha da sana'o'i. Na ajiye jan biron na daɗe a zaune. Da wannan ƙa'ida ce a zamaninmu, da ba a rubuta sunan ko ɗayanmu a takardar nan ba.

Da daddare na nemo lambar yayan mai goyon nan, na gaishe shi na ce ya isar mata da abin da aka faɗa a labarai. Bayan kwana biyu ta kira ni da wayar mijinta. Ta ce yaron da take goye da shi a lokacin ya shiga firamare, ta kuma haifi biyu bayansa. Ta tambaya ko za a lissafa mata shekara biyu da rabin da ta yi, ko kuwa daga aji ɗaya za ta fara. Na ce, "Hajiya, bari in je in tambayo miki, kada in faɗi abin da ba shi ba." Ta ce takardunta duk suna nan, har rasit. Na ce ta haɗa su wuri ɗaya ta ba yayanta, ranar Litinin in an tashi makaranta zan biya in karɓa.